Amsar murya: zanen gamayyar tazara a layin lamba

Assalamu alaikum ƴan guruf, barkanmu da marece. Ɗiyata ƴar segond (ajin farko na lise) da ta turo hoton kayenta, na gani. An ba ki gamayyar tazara biyu (tazara ita ce duk lambobin da ke tsakanin iyaka biyu), [-2, 3[ ∪ ]1, 5], kin zana, kin bar rami a kan 1 da kan 3 saboda kuroshe, wato alamar [ ko ], a buɗe yake, mushe, wato malaminku, ya sa miki jan bik. To, mushe ya yi daidai, amma gyaran ba wuya, saurara.

Ɗauki bik biyu, shuɗi da ja. Ki ja layi guda miƙaƙƙe, ki sa kibiya a dama, ki jera iyakokin huɗu daga ƙarami zuwa babba: -2, 1, 3, 5. Kar ki shafa launi a kan layin tukuna. Tazarar farko ki zana ta da shuɗi a sama da layin kaɗan, daga -2 zuwa 3. Ta biyu da ja, a saman shuɗin, daga 1 zuwa 5. Kowace da hawanta, don idonki ya ga inda suka hau juna.

Kuroshe kuwa, ki dube shi kamar hannu. In ya rungumi lambar, tana ciki. In ya juya mata baya, tana waje. Masu karatu da littattafan Najeriya za su ga baka mai lanƙwasa a wurin buɗaɗɗen kuroshe, kuma a zane ɗigo cikakke ko ɗigo mai rami. Ma'ana ɗaya ce, amma a takardar jarrabawarmu ki riƙe kuroshe.

Yanzu ga inda kika zame. Alamar ∪, reyuniyon, tana nufin "ko". Lamba ta shiga gamayya in shuɗi ya rufe ta, ko ja, ko duka biyun. Launi ɗaya ya isa. Dubi 1: ja ya juya mata baya, gaskiya ne, amma 1 tana tsakanin -2 da 3, shuɗi ya bi ta kanta. Ta shiga. Dubi 3: shuɗi ya bar ta, amma tana tsakiyar ja. Ita ma ta shiga. Ke kin tambayi tazara ɗaya kaɗai kika yanke hukunci, alhali a kowace iyaka sai an tambayi duka biyun. Saboda haka amsa ita ce [-2, 5], layi ɗaya ba yankewa. Da ∩ aka ba ki, wato "da", inda launukan biyu suka hau juna kaɗai za ki ɗauka, sai a samu ]1, 3[, nan ne 1 da 3 suke fita.

Yaushe ne rami yake zama na gaskiya? Sai in duka biyun sun ƙi lambar. Ku saurara da kyau, nan ake zubar da maki. [1, 3[ ∪ [3, 6], ta farko ta ƙi 3, ta biyu ta karɓe ta, sun manne, amsa [1, 6]. Amma [1, 3[ ∪ ]3, 6], ba wadda ta ɗauki 3. Kar ki haɗe su, ki bar ∪ a tsakani. 2,99 tana ciki, 3,01 tana ciki, 3 ita kaɗai a waje. Irin wannan za ki riƙa gamuwa da shi a aikin fonksiyon, wato lissafin da amsarsa ta dogara da x: 1 bisa (x - 3) ba ta yarda x ya zama 3, domin ba a raba lamba da sifili, sai a rubuta ]-∞, 3[ ∪ ]3, +∞[. Gefen anfini, wato alamar ∞ mai nufin marar iyaka, kullum a buɗe yake, ba lamba ba ce da za a runguma, a zane kibiya kawai ake ja.

In tazarar ba su taɓa juna sam, kamar [0, 2] da [4, 7], ki bar su guda biyu, wanda ya rubuta [0, 7] ya shigo da 3 ba bisa ƙa'ida ba. In ɗaya ta haɗiye ɗaya, kamar [0, 10] da ]2, 4[, babbar ce amsa.

Lambobin ƙasa da sifili ma a kula: -5 tana hagun -2. Wanda ya juya su, duk zanen ya lalace tun daga tushe, ko da ya gane ∪.

Kafin ki miƙa takarda, ɗauki iyakokin ɗaya bayan ɗaya, ki tambaya: shuɗi ya ɗauke ta? Ja ya ɗauke ta? Minti guda ya isa. Ki gwada ]-4, 0] ∪ ]0, 2[ ∪ ]2, 6] da bik uku, ki turo hoton nan guruf mu duba tare.