Hukuncin Sakin Gas ɗin Firji da Na'urar Sanyaya Ɗaki a Iska

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina da ƙaramar masana'antar ƙanƙara a Sharaɗa, injinanmu da gas ɗin R22 suke aiki. In mai gyara ya zo, kwance bututu yake yi ya bar gas ɗin ya fice. Na ji ana shirin hana shi. Akwai laifi a kaina?

Amsa: Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, Allah ya yi wa sana'arka albarka, don a zafin Kano mai ƙanƙara yana taimakon jama'a.

Masana sun tabbatar cewa irin wannan gas, idan ya hau sama, yana cinye ozon, rufin da ke tare mana zafafan haskokin rana masu jawo kansar fata da yanar ido, su kuma lalata amfanin gona. Shi ya sa ƙasashe suka ƙulla yarjejeniyar Montreal a 1987 don janye irin wannan gas, Najeriya ta shiga a 1988. Tsohon gas ɗin R12 an rufe babinsa tun 2010, shi kuma R22 ana janye shi a hankali zuwa 2030.

Manzon Allah (SAW) ya ce babu cuta babu cutarwa, kamar yadda ya zo a Muwaɗɗa. Wasu na cewa ɗan abin da injinsu ke fitarwa bai taka kara ya karya ba. Wannan ba hujja ba ce, ai daga irin waɗannan ƙanana ɓarnar ta taru, kuma wanda za ta faɗa wa bai ci ribar ƙanƙararka ba. Sannan dokar shugabanni da aka gina kan maslahar jama'a wajibi ne a bi ta.

Don haka ya halatta ka ci gaba da amfani da injinanka muddin doka ta bari. Amma sakin gas da gangan, alhali ana iya zuƙe shi cikin silinda, bai halatta ba. Ka nemi mai gyaran da ke da injin zuƙa, ka toshe wuraren yoyo. Sayen gas ɗin da aka haramta ta bayan fage haramun ne, sauya masa kwali kuwa algus ne a kan haramcin.

In za ka sauya inji, ka nemi mai gas ɗin R290 da ba ya cinye ozon, amma ka sani yana kama wuta, sai ƙwararre zai taɓa shi. Abin da ya wuce cikin rashin sani babu zunubi a kanka.

Wallahu a'alam.