Hukuncin ƙirƙirar tambarin tsafi a cikin labarin ƙage

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗaliba ce a Jami'ar Jos, ina zaune a Anguwar Rogo. Ina rubuta labari ina sakawa a WhatsApp. A duniyar da na ƙago akwai wani tambari, Ƙullin Zamani, shi ke riƙe lokaci. In ya tsage sai jiya ta cuɗe da gobe. Wani ɓangare na zanen na kwafo shi ne daga wata tsohuwar takarda da na samu a gafakar kakanmu. Yanzu masu karatu suna so a ƙera shi a zobe. Yayana ya ce shirka nake yi. Mene ne gaskiyar lamarin?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. 'Yata, Allah ya yi miki albarka da kika tambaya kafin a kai ga maƙera.

Shi labarin ƙage ba ƙaryar da aka hana ba ce, domin ƙarya ita ce ka faɗi abin da ba haka yake ba don mai ji ya ɗauka haka yake. Mai karanta labarinki ya san ƙage ne, kamar yadda yaro ya san Gizo da Ƙoƙi ba maƙwabtansu ba ne tun daga "ga ta nan, ga ta nanku". Haka kuma malamai sun ce mai hakaito kafirci ba kafiri ba ne. Alƙur'ani da kansa ya kawo maganar Fir'auna. Saboda haka yayanki ya yi gaggawa wajen kalmar shirka, ko da yake kishinsa abin yabo ne.

Amma lokaci ba ƙaramin abu ba ne a aƙidarmu. Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira cewa Allah ya ce ɗan Adam yana cutar da Shi da zagin zamani, alhali al'amari a hannunsa yake, Shi ke jujjuya dare da rana. A Suratul Ƙasas, aya ta 71 da 72, Ya tambaye mu: da zai dauwamar da dare har ranar ƙiyama, wane abin bauta ne zai zo mana da haske? Samarin kogo sun yi shekara 309 suna barci, suka farka suna zaton yini ɗaya ne ko wani yanki na yini. An tsayar wa Annabi Yusha'u rana har ya gama yaƙi. Duk wannan ba wani zane da ya yi shi. To, shawarata ki bar wa duniyar taki Mahalicci, tambarin ya zama sababi kawai, kamar turke ko makulli. Kada labarin ya nuna ana roƙonsa ko ana yi masa yanka kuma marubuciya tana yabon hakan. Masu karatunki da yawa yara ne 'yan sakandare, abin da aka ƙawata musu yana zama a zuci.

Inda hankalina ya fi tashi shi ne takardar gafaka. Ban gan ta ba, kuma ba na munana wa kakanku zato, Allah ya gafarta masa. Sai dai irin waɗannan takardu sau da yawa hatimi ne: gidaje masu lambobi, haruffa a yanke, wani lokaci da sunayen da ake kiran aljanu da su. Da zarar kin kwafo shi, ya daina zama ƙage, abu ne da mutane suke aiki da shi a zahiri. A Sahihu Muslim, Annabi (SAW) ya ce wa Aufu ɗan Malik da mutanensa su bijiro masa da tofinsu, babu laifi matuƙar babu shirka a ciki. Ke nan dole a san ma'anar abu kafin a yarda da shi. Ibnu Wahbin kuma ya ruwaito cewa Imamu Malik ya ƙi magani da ƙulla zare da rubuta hatimin Sulaimanu, ya ce wannan ba aikin mutanen farko ba ne. In kuwa ayoyi ne a takardar, to ba a mayar da Alƙur'ani adon tatsuniya. Ko ta wace fuska, cire wannan ɓangaren wajibi ne.

Zoben ma ban yarda da shi ba. Imamu Ahmad ya ruwaito daga Uƙbatu ɗan Amir cewa wanda ya rataya laya ya yi shirka. Na san ado kuke nufi, kuma ado da zanen da ba shi da wata ma'ana halal ne a asali. Amma wannan zane an riga an cika shi da labarin ƙarfi da tsari. Zai shiga Kasuwar Terminus, ya faɗa hannun wadda ba ta san ke kika ƙago shi ba, wani ya ce mata yana tsare gida ko yana kawo sa'ar jarrabawa. A garin da ake ɗaura wa jarirai guru da kambu, wannan ƙofa ce da shari'a ta ce a toshe.

Ki ci gaba da rubutunki. Ki zana sabon tambari daga kanki, babu haruffan Larabci, babu gidajen lambobi, ki sanar da masu karatu an canza shi, ki goge tsohon a inda kika saka. Takardar kuma ki kai wa malamin da kuka amince da shi ya duba: in ayoyi ne a adana da girmamawa, in ɗalasimai ne a ƙona.

Allah ne Mafi sani.