Amsa: Gina ƙungiyar masu bin asirin gaibu a cikin labari

Malama, kin tambayi yadda za ki ƙirƙiro ƙungiyar masu neman sanin inda duniyar zahiri ta ƙare, ba tare da labarin ya zama tatsuniya ba.

Fara da tsani. Ki yi matakai uku kacal: mai nema, mai riƙe da sirri, sai dattijon da ke ba da izini. Bakwai sun yi wa gajeren littafi yawa, mai karatu zai manta sunayen. Kowane mataki ki ɗora masa farashi. Wanda ya shiga halwa ta kwana 40 ya fito ya rasa wani abu, ko barcinsa ko tuna fuskar mahaifiyarsa. Nan yawancin marubuta ke faɗuwa: jarumi ya leƙa bayan labule ya dawo lafiya lau, sai tsoro ya mutu tun babi na biyu.

Ki kafa su a wurin da muka sani, kamar wani tsohon soro a Tudun Wada, ko bakin Kogin Kaduna da asubar hunturu, halwar kuma a Dutsen Kufena da ke Zariya. Ki rubuta dokoki biyar na abin da iliminsu ba ya iyawa, ki ajiye kusa da ke, kada ki karya ko ɗaya.

Don Allah kada ki ari sunan Ƙadiriyya ko Tijjaniyya, ko wuridinsu da silsilarsu. Ibadar mutane ce. Ƙirƙiro sunanki da kalmominki.