Ki nemi sunan yankan maganin Inna kafin ku taso

Ƙanwata, saƙonki ya same ni ina bakin aiki a kemis ɗinmu na unguwar Aboabo a Kumasi, ƙasar Gana. Kin tambaya ko sunayen magungunan da kika sani a Kano za su yi miki amfani in kin zo karatun haɗa magunguna a jami'ar KNUST da ke nan Kumasi, da kuma ko Inna za ta sami maganin hawan jininta a Kumasi, tun da ita za ta rako ki.

Kowane magani yana da sunan yanka, wato sunan ainihin sinadarin da ke cikinsa, yana kuma da laƙabin da kamfani ya raɗa masa don kasuwa. Laƙabin nan sau da yawa a bakin iyaka yake tsayawa. Shekaranjiya wani dattijo daga Damagaram ya zaro wani koɗaɗɗen kwali daga aljihun riga, ya ce Doliprane yake so. Na miƙa masa paracetamol, ya juya shi gaba da baya, ya turo mini abina. Sai da na jera kwalayen biyu a kan kanta, na ɗora yatsa a kan ƙaramin rubutun da ke ƙarƙashin babban sunan, jikansa ya karanta masa: paracetamol, miligiram 500, nan da can. Ya ce to, amma na Faransa dai ya fi ƙarfi. Ban yi musu da shi ba, tsoho ne. Na dai ja masa kunne kada ya riƙa shan wannan ya ɗora da wancan, don abu ɗaya ne, kuma in ya yi yawa hanta ce ke ji a jikinta.

Shi sunan yankan, Hukumar Lafiya ta Duniya ce ke raɗa shi tun 1953, a tsarin da ake kira INN. Sai dai wasu ƙasashe suna da nasu kundin: Ingila tana da BAN, Amurka tana da USAN tun 1961. Galibi bakinsu ɗaya, amma inda suka saɓa nan ɗalibi ke tuntuɓe. Littafin Amurka zai ce miki acetaminophen, paracetamol yake nufi. Zai ce albuterol, wato salbutamol ɗin da masu asma ke shaƙa. Glyburide ɗinsu shi ne glibenclamide na masu ciwon sukari. Ingila kuwa daga ƙarshen 2003 ta fara komawa sunayen INN, frusemide ya zama furosemide, lignocaine ya zama lidocaine, amma ta ƙi sakin adrenaline duk da INN na cewa epinephrine. Har yau ina ganin takardun tsofaffin likitoci da frusemide a jiki, hannu ya riga ya saba.

Kada ki ce za ki haddace su ɗaya-ɗaya, shekara shida ma ba za ta ishe ki ba. Wutsiyar sunan za ki riƙa dubawa, ita ce ke faɗin dangi. Atenolol da propranolol 'yan gida ɗaya ne, haka lisinopril da captopril, haka losartan da valsartan. Duk na hawan jini ne, amma kowane gida da hanyar aikinsa.

Batun Inna kuma. Lambar NAFDAC ta Najeriya ce, a nan hukumar FDA ta Gana ke wa magani rajista, don haka kwalin da ta saba gani ba lalle ne ya kasance a kasuwa ba. Jerin magungunan inshorar lafiya ta Gana, wato NHIS, ma da sunan yanka aka rubuta shi. Ki kai ta wurin likitanta, ya rubuta mata sunan yankan, da ƙarfinsa a miligiram, da sau nawa take sha a rana. Kuma don Allah ku zo da su cikin kwalinsu. Na san halin Inna, ɓare su take ta zuba a ƙullin leda, ta ce "farin nan ƙarami na safe". Fararen ƙwayoyi ƙanana sun fi ashirin a bayana yanzu haka.

Ki ɗauki hoton takardar likitan ki turo mini ta WhatsApp, in duba ko muna da shi tun kafin ku hau mota.