Ku Tambayi Baba: Matsafin da Ke Juya Lokaci da Goge

Tambaya: Assalamu alaikum Baba. Ni ɗaliba ce a Birnin Kebbi, ina rubuta ƙagaggen labari a kan wani matsafi, Ɗangoge, wanda in ya goga gogensa lokaci ke tsayawa ko ya koma baya. Na kai tsakiya labarin ya ƙi tafiya. Ƙawayena sun ce kamar fassarar fim, Innata kuma ta ce tallar tsafi nake yi. In bari ne?

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yata. Kada ki bari. Na karanta shafukan da kika haɗo, kuma ga inda matsalar take: Ɗangoge yana da iko amma ba shi da gida. Ban san wa ya haife shi ba, ban san wa ya koya masa kiɗa ba, ban ga abin da yake ci ba. A ƙasarmu kiɗa gado ne kuma sana'a ce. Kalangu na mahauta ne, kotso da taushi na fada, gangar noma ta gayya, goge da garaya su ne aka sani a wajen bori. Yaron da ya tashi a gidan goge ya yi shekaru yana kiɗan ƙwarya da amshi a bayan ubansa kafin a bar shi ya taɓa gogen. Ki ba shi wannan ƙuruciyar. Ki bar shi ya nemi aure a hana shi saboda an ce maroƙi ne.

Sai gogen kansa. Je ki zauna kusa da mai goge ki zuba ido. Ƙwarya ce aka rufe da fatar guza, tsirkiyarsa tsagiyar doki ce, abin gogawar ma haka, ana shafa masa ƙaro don ya kama. Ina yaro a Argungu akwai wani tsoho maƙwabcinmu da in damina ta yi nisa sai fatar gogensa ta saki, muryar ta dushe, ya tsuguna bakin murhu yana gasa ta yana ƙwanƙwasawa da farce har ta ɗaure. Da hunturu kuwa, ko kallonta ka yi sai ta yi kuka. To ga dokar tsafinki nan a hannu: da ɗari Ɗangoge yana iya tsayar da yini sukutum, da damina ko inuwar la'asar ba ya iya riƙewa. Kuma silin tsagiya yana tsinkewa ana cikin kiɗa. Ki sa duk silin da ya tsinke ya tafi da shekara guda ta rayuwarsa. Nan take mai karatu zai fara ƙirga masa sili, gabansa na faɗuwa duk sanda wata uwa ta durƙusa tana roƙon ya mayar mata da jiya.

Ina zai je in ya juya lokaci? Kin kai shi wata fadar ƙanƙara da ba mu san ta ba, alhali Surame na nan, birnin da Kanta, Sarkin Kabi, ya gina a ƙarni na 16 bayan ya ɓalle daga Askiya na Songhai, ganuwarta ta dutse har yau ba ta gama rushewa ba. Ki kai shi Birnin Kebbi a 1805, shekarar da birnin ya faɗa hannun masu jihadi. Ko bakin kogin Matan Fada a 1934, lokacin da Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya ziyarci Argungu aka yi masa su a kogin, wanda daga nan bikin kamun kifi ya samo tsarinsa na yau. Ki sa Ɗangoge ya tsayar da lokaci daidai sanda masunta suka ruga ruwa da gora da homa, ya ratsa tsakaninsu shi kaɗai yana duban fuskar kakansa. Kuma mutanen wancan zamani ba sa cewa ƙarfe uku. Hantsi suke cewa, da azahar, da almuru, da kaka, da bazara.

Maganar Inna kuwa, kada ki raina ta, tana da hujja. Zamani na Allah ne, Shi ke juya dare da rana, kuma sihiri haramun ne, babu ja a kan wannan. Amma nuna matsafi a labari daban, yaba masa daban. Ni a ganina labarinki zai fi ƙarfi in akwai katangar da gogen ba ya tsallakewa: ba ya ta da matacce, ba ya kankare abin da aka rubuta. Ya koma baya don ya ceci ɗansa daga ruwa, ya tarar da ajali na jiran yaron a tudu. Ki sa limamin garinsu, abokin wasansa na ƙuruciya, ya riƙa faɗa masa gaskiya cikin ƙauna, shi kuma yana ji yana kasa ajiye gogen. Ki gyara babi na farko a kan wannan, ki karanta wa Inna da bakinki bayan isha'i, sannan ki aiko mini da shi tare da abin da ta ce.