Na ƙirƙiro taurari biyu a labarin yara, ko na faɗa shirka?

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni malamar Islamiyya ce a Aboabo, nan Kumasi. Ina rubuta wa yara labari na wata ƙasa da babu ita, wadda a samanta akwai taurari biyu masu zagaya juna. Mutanen ƙasar suna cewa mata da miji ne, ba sa ɗaura aure sai lokacin da suka kusanci juna, kuma wanda aka haifa a daren zai yi arziki. Yayana ya ce wannan ƙarya ce, kuma shirka ce. Mene ne hukuncinsa?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malama, Allah ya saka da alheri da kika tambaya kafin labarin ya kai kunnen yara.

Batun ƙarya shi ne mai sauƙi. Ƙaryar da shari'a ta haramta ita ce ka ba mutum labarin abin da bai faru ba alhali kana so ya ɗauka ya faru. Akwai malaman da suka hana ƙagaggen labari gaba ɗaya, suna kafa hujja da hadisin Abu Dawuda da Tirmizi mai cewa bone ya tabbata ga wanda yake ƙarya don ya ba mutane dariya. Ina girmama su, amma ban bi su a nan ba, domin a tatsuniya ba a yaudari kowa ba. Kakanninmu suna buɗewa da "ga ta nan, ga ta nanku", su rufe da "ba don gizo ba da na yi ƙarya". Muƙamatul Hariri, tarin labaran adabin Larabci da ake karantawa a zaurukan malamai daga Kano har Salaga, Abu Zaid ɗin da ke jan ragamar labaranta ƙagagge ne, kuma manyan malamai suka karantar da ita. Ki dai faɗa wa yara tun farko cewa labari ne.

Su kansu taurarin ma ba ki zo da abin da hankali zai ƙi ba. Tauraron Shi'ira, wanda Allah ya ambata a aya ta 49 ta Suratun Najmi, masana sun tabbatar biyu ne: babba mai haske, da ƙarami da ido ba ya gani, wanda aka fara hangowa da madubin hangen nesa a 1862, kuma suna gama zagayen juna cikin kusan shekara 50. A nan bari in ja kunne. Akwai saƙon da ke yawo a WhatsApp cewa "ƙaba ƙausaini" (tazarar baka biyu) na aya ta 9 ta wannan surar yana nuni ne ga wannan zagaye. Malaman tafsiri a kan kusanci a lamarin wahayi suka fassara ta, kada a ɗora wa Alƙur'ani abin da bai faɗa ba.

Inda yayanki yake da gaskiya shi ne wajen arzikin nan. Larabawa ma suna da almararsu: wai Shi'ira da wani tauraro daban da shi ma suke kira Shi'ira ƙannen tauraron Suhailu ne, ɗaya ta tsallaka ta bi shi, ɗaya ta tsaya tana kuka har idonta ya dushe. Mu ma muna cewa Zara matar wata, maƙwabtanmu Asante kuma suna buga hoton wata da tauraro a zanen adinkra alamar amana tsakanin ma'aurata. Ba irin wannan Alƙur'ani ya yaƙa ba. Abin da ya yaƙa shi ne aikin waɗanda suka bauta wa Shi'ira, kamar wasu daga ƙabilar Khuza'a, shi ya sa ya ce Allah ne Ubangijin Shi'ira. A Hudaibiyya kuwa, bayan an kwana ana ruwa, Annabi (SAW) ya sanar da sahabbai cewa wanda ya ce an yi mana ruwa saboda tauraro kaza ya kafirce wa Allah, ya yi imani da tauraro. Bukhari da Muslim suka ruwaito daga Zaidu ɗan Khalid. In an faɗi haka a kan ruwan sama, to aure da arziki fa?

Sai dai ba da labarin ɓata daban, yin ɓata daban. Alƙur'ani ya kawo maganar Fir'auna, ya kawo mutanen Saba'i suna sujada ga rana. Don haka ya halatta mutanen labarinki su yi wannan imani, muddin labarin bai gaskata su ba. Idan yaron da aka haifa a daren ya tashi ya yi arziki, wanda ya yi aure a wani lokaci kuma aurensa ya mutu, to alƙalaminki ya yi wa taurari shaida ko da bakinki bai faɗa ba. Wannan haramun ne, kuma a wurin yara ya fi muni, don ɗan shekara 7 ba ya tace abin da malamarsa ta ba shi. Kin kuma san zangonmu: masu duba da bugun ƙasa ba su ƙare ba, ga shafukan buruji a wayar kowace budurwa. Kada Islamiyya ta zama ita ke share musu hanya.

Amma idan mutanen suna duba taurarin ne don sanin lokaci kawai, a ce kusantarsu tana dacewa da kaka, rumbu ya cika, sai a yi bukukuwa, wannan babu laifi. Manoma suna lura da taurarin Kaza da 'ya'yanta don sanin inda shekara ta kai, kuma Suratun Nahli aya ta 16 ta ce da taurari suke gane hanya.

Hukuncin ke nan: ƙirƙiro taurarin halal ne, almarar mata da miji halal ce in an san almara ce, ki cire duk wurin da labarin ya nuna tauraro yana ba da rabo ko yana hanawa, ko ki bar shi a bakin mutanen amma abin da ya biyo baya ya ƙaryata su. Kada ki rubuta wata addu'a ko waƙar roƙon taurarin, domin yara za su haddace su riƙa rerawa a tsakar gida. Ban ga kin yi shirka ba, tunda ba ki ƙudurce hakan a zuciya ba. Idan kin gyara, ki ba yayan naki ya karanta kafin ki kai aji.

Wallahu a'alamu.