Ga 'yar'uwar da littafin Alexis Wright ya tsaya wa a rai

'Yar'uwa, kin ce kin kai inda Mary, wadda aka raba da uwarta tun tana jaririya, ta fara neman asalinta a littafin Plains of Promise kin kasa ci gaba, don ke ma tun yaye aka raba ki da mahaifiyarki, kina tambaya ki ƙarasa ko ki ajiye. Wallahi ciwonmu ɗaya. Ki ƙarasa, amma ba da dare ke kaɗai ba, kuma kada ki sa rai uwa da 'ya za su rungume juna a ƙarshe. Marubuciyar ba ta yi mana wannan alfarmar ba.

Ni gwaggona ce ta riƙe ni bayan auren iyayena ya mutu. Ta ce min uwata ta rasu. Na taso ina tsakurar kuɗin tara ina sayen ƙosai ranar Juma'a, ina ba almajirai sadaka Allah ya kai lada kabarinta, gwaggo tana kallo, har albarka take sa min. Sai ranar da ake sa ni a lalle, wata tsohuwa ta ce, “Shin uwar amarya ba a gaya mata ba ne?” Ɗakin ya yi tsit. Da na tambayi gwaggo, ko girgiza ba ta yi ba, tana ƙirga kwanukan jere ta ce, “To me ta tsinana miki?” Har yau ba ta ce in yi haƙuri ba. Ina gaishe ta da Sallah saboda Allah da darajar Baba, shi ke nan.

Kada dai mu haɗa namu da na mutanen da littafin yake magana a kansu. Su hukuma ce da doka a hannu take ƙwace 'ya'yan 'yan asalin Ostareliya, ta kai su gidajen mishan ko ta ba Turawa riƙo. Littafin, wanda shi ne na farkonta, ya fito a 1997, shekarar da rahoton binciken hukuma ya ce tsakanin 1910 da 1970 aƙalla yaro ɗaya cikin goma aka ɗauke, wataƙila har ɗaya cikin uku. Sai a 2008 Firaminista Kevin Rudd ya nemi gafararsu a majalisa. Ko banza su an nemi gafararsu!

Abin da ya taimake ni shi ne yadda take ɗaukar ƙasa. Wright 'yar ƙabilar Waanyi ce, daga yankin gaɓar Carpentaria a arewacin Ostareliya, kuma a wajenta raba yaro da uwa raba shi ne da ƙasar kakanninsa. Don haka in za ki nema, kada ki tsaya kan sunan mahaifiyarki kawai. Tambayi sunan garin, unguwar, sana'ar gidansu. Tsofaffin mata za ki bi, maza sai su ce a bar kaza cikin gashinta. Ni na isa garinmu bayan ta rasu da gaske, amma kawuna ya zaga da ni gonarsu, ya nuna min rijiyar da take ɗiban ruwa.

Kada ki je ke kaɗai, kuma ki shaida wa maigidanki tun yanzu, kada ya ji a bakin wasu. In kuka ya zo ki yi abinki. Ki turo min saƙo in kin kai ɓangaren ƙarshe, akwai abin da ba zan faɗa a nan ba don waɗanda ba su karanta ba.